Ranar da Gawar Kurege ta Yi Gardamar Lissafi

Ga ta nan tafe, ku gyara zama ku sha labari.

A gindin wata ɗorawa akwai wani kurege, Ɗantani, mai rami ɗaki uku da ya gada wurin kakansa. Ban da ramin nan da baki ba shi da komai. Da bazara ya cinye irin gyaɗarsa tas, ya je wurin Gwamma, wata ɓauna mai ba da bashi da ruwa, ya karɓi gyaɗa tiya goma a kan duk mako tiya ɗaya za ta hau. Ramin ya bayar jingina.

Mako goma sha huɗu Gwamma ba ta ga ko jelarsa ba, bashi ya zama tiya ashirin da huɗu. Ta kai ƙara wurin Gwanki mai unguwa. Ɗantani ya ɗaure ƙafa da tsumma, ya zo yana ɗingishi.

"Ranka ya daɗe, maciji ne ya sare ni. Ko ciyawar gonata ban iya cirewa ba."

Gwanki ya ji tausayi, ya yi ta ba Gwamma baki har aka yi sulhu. Ta ce, "Ya kawo goma ɗina ranar Laraba, na bar masa ruwan. In ya saɓa, ruwan ya dawo duka, kullum kuma tiya ɗaya ta hau, ramin ya zama nawa."

Suna shan kwana Ɗantani ya yar da tsumman ya yi tsalle. "Ni ne Ɗantani, mai sa ɓauna ta zubar da ruwanta da kanta!"

Da gari ya waye ya naɗa ganyen ayaba a ka, ya sami Dorina a bakin gulbi, ya ce shi jakadan mai unguwa ne, ana karɓar harajin wanka. Dorina ta auna masa tiya goma cif. To, da ya kai wa Gwamma da magana ta ƙare. Amma wannan ɗan banza sai ya ce bari ya ɗanɗana ɗaya, kada ya kai wa baiwar Allah ruɓaɓɓiya. Kafin Laraba ɓawo kaɗai ya rage.

Laraba ta wuce, Alhamis ta bi ta. Ranar Juma'a da la'asar ya ji ana cewa gobe Gwamma za ta zo karɓar rami. Can sai ya tuna cewa ba a binne mamaci sai an tambayi masu binsa bashi, kuma da wuya a ƙi yafewa a gaban jama'a. Ya shafa toka, ya lulluɓa da tsohon zane, ya tafi gidan Gwanki da muryar tsohuwa.

"Wayyo ni! Ni ce gwaggon Ɗantani. Dafin nan ya tashi, yaron ya cika yanzun nan. Na riga na shirya shi, gobe sai ku zo ku ɗauka."

Da gari ya waye ya naɗe kansa cikin tabarma a ƙofar rami, ya miƙe sambal. Dabbobi suka taru. Gwanki ya yi gyaran murya ya ce, "Jama'a, akwai mai bin mamaci bashi?"

Gwamma ta matso tana share ido. Ashe matar nan tana da zuciya. Ta ce, "Ni ce, ranka ya daɗe. Allah ya jiƙansa. Amma bari in faɗi abin da zan yafe, kowa ya shaida. Laraba ashirin da huɗu, Alhamis da biyar, Juma'a da shida, yau Asabar ashirin da bakwai. To duka na..."

Kalma ɗaya ta rage mata. Kalma ɗaya tak! Sai tabarma ta motsa.

"Ashirin da shida dai! Tun jiya na mutu, wa ya ce ki sa na yau? Ruwa na hawa kan gawa ne?"

Dorina ta karkata kai ta ce, "Kai, wannan ai muryar mai harajin wanka ce."

Gwamma ta haɗiye sauran hawayenta. "Tunda kana numfashi, na yau ma ya hau. Ranka ya daɗe, ramin ya zama nawa?"

"Ya zama naki," in ji Gwanki.

Ta sa ƙaho ta ɗaga tabarmar da abin da ke cikinta, ta wurga cikin ƙayar sarƙaƙiya. Ɗantani ya fito da ƙulu a goshi, yana ɗingishin gaske, Dorina na biye da shi ƙasa na girgiza. Sai da ya haye tudu ya waiwayo, ya hango Gwamma tana toshe ƙofar gidan kakansa da dutse. Abin ya yi masa ciwo ƙwarai, amma ya ɗaga murya:

"Ku riƙe ramin! Ku dai shaida, a gaban kowa na kama ta da ƙarin tiya guda!"

Ƙurunƙus, nan na baro shi yana cire ƙaya yana sake lissafi.