Jan Rubutun da Mai Fenti Ya Yi Ta Shafewa

Akwai wani dattijo mai fenti da ke zaune shi kaɗai a gidan da shi da ƙanensa suka gada. Matarsa ta rasu, 'yarsa tilo tana aure a nesa. Daga shi sai rediyo da gwangwanayen fenti a zaure.

Wata safiya ya fito ya tarar da jan rubutu ɓaro-ɓaro a bangon gidan, wai gidan jingina ne a hannun banki. Kafin maƙwabta su fito, ya kwaɓa farin fenti ya shafe shi tas.

Da ya bincika, ashe ƙanen nan da ya raina da hannunsa ne ya ɗauke takardun gida, ya kwaikwayi sa hannunsa, ya ci bashi. Da ya kira shi, sai ƙanen ya zube yana hawaye.

"Yaya, ka rufa mini asiri. Kafin shekara ta zagayo zan biya."

Shi ke nan, bawan Allah ya ja bakinsa ya tsuke. Wai ina shi ina kai ɗan uwansa kotu, ciki ɗaya?

Shekara ta zagayo, ta sake zagayowa. Ƙanen ya ɗan biya, ya tsaya. Da ya tsaya banki su dawo su rubuta, dattijo ya bi ya shafe. Har mai shagon da ke kallon gidan yake tsokanarsa, wai bangon nan ya fi amarya shan kwalliya. Sai ya yi dariyar yaƙe ya shige ciki.

Ya daina zama cikin abokai don gudun tambaya. In 'yarsa ta kira, lafiya lau kawai take ji. Wallahi abin tausayi, mutum yana ta ramewa, ba shi da wanda zai faɗa wa.

A ƙarshe ƙanen ya daina ɗaga waya, banki suka sa gidan a kasuwa. Sai a lokacin dattijo ya nemi wata lauya. Ta ce masa zamba kam an yi, amma doka ta yanka wa'adin shigar da ƙara, kuma daga ranar da mutum ya gano ake fara lissafi.

Duk da haka aka shigar da ƙarar. A kotu lauyan banki bai wahalar da kansa ba. Tambaya ɗaya ya yi.

"Baba, tun rubutunmu na farko, wa yake shafewa?"

Dattijo bai iya ƙarya ba. Ya ce, "Ni ne."

Nan take aka gane ya daɗe da sani. Alƙali ya kori ƙarar saboda lokaci ya ƙure, ba a ma kai ga maganar sa hannun ba.

Ranar da zai tashi, 'yarsa ta zo kwashe masa kaya. Ta tsaya gaban bangon, ta kankare shi da makulli. Fari ya ɓare, ja ya fito. Ta ƙara kankarewa, fari, sai ja kuma.

Ta juyo idonta cike da ƙwalla. "Baba, duk wannan kai kaɗai ka ɗauka?"

Ya sunkuya ya ɗauki rediyonsa.

Darasi: Haƙuri daban, yin shiru ana cutarka daban. In an taɓa haƙƙinka, ko ɗan uwanka ne, ka faɗa wa naka, ka nemi shawarar masana da wuri, don kotu ba ta jiran mai jin kunya. Ku tura wa 'yan uwa, wataƙila wani yana can yana shafe nasa bangon.