Takalman Jatau

A can zamanin da, wani sarki zai fita yaƙi, sai wani baduku mai suna Jatau ya tuɓe takalmansa a ƙofar fada, ya faɗi gaisuwa. Sarki ya dube shi ya ce, "A ajiye mini wannan sai na dawo." Aka kai Jatau kurkuku. Sarki bai faɗi laifinsa ba, kuma bai dawo ba. Ɗansa ya hau gado, ya rantse ba zai warware maganar mahaifinsa ba.

Ƙanwar Jatau, Yalwa, ita ta tsinci takalman a ƙofar fada. Shekara goma sha ɗaya tana kai ƙara. Alƙali ya ce ba ya shari'a sai an kawo mutum gabansa. Yari, mai tsaron kurkuku, ya ce ba ya fitar da kowa sai da bakin sarki. Sarki ya ce a koma wurin alƙali. Kowa da gaskiyarsa, Jatau kuwa yana ciki yana furfura. Yalwa ta gaji, irin gajiyar da ko kuka ba ta bari a yi.

Ran nan ta je wurin Waziri, ta ajiye takalman a gabansa.

Waziri ya yi ajiyar zuciya ya ce, "Baiwar Allah, ke ce kuma? Na gaya miki, an hana shi fita."

Ta ce, "Ranka ya daɗe, na ji an hana shi fita. To, shi alƙalin, an hana shi shiga ne?"

Kunya ta kama Waziri. Duk malaman garin ba wanda wannan ta taɓa faɗo wa.

Washegari da hantsi alƙali ya shiga kurkuku da buzunsa, yana toshe hanci, ya shimfiɗa ya zauna. Aka yi kiran mai ƙarar Jatau har sau uku. Ba wanda ya amsa. Aka tambayi Jatau abin da ya yi, ya ce, "Allah gafarta Malam, ni da na zaci ku za ku gaya mini."

Alƙali ya yanke hukunci babu tuhuma a kansa. Waziri ya kai wa sarki labari, ya ce, "Allah ya ba ka nasara, rantsuwarka tana nan. Ba kai ka sake shi ba, shari'a ce, ita kuwa har mahaifinka tana bisa kansa." Sarki, wanda shi ma maganar ta daɗe da isarsa, ya yarda. Ya umarta kowace Alhamis alƙali ya riƙa shimfiɗa buzunsa a kurkuku.

Da Jatau ya fito, Yalwa ta durƙusa ta ajiye masa takalmansa. Fatar ta bushe, ƙafafunsa sun kumbura saboda marin ƙarfe, suka ƙi shiga. Ya jujjuya su, ya ce, "Ni na ɗinka su. Sau biyu na sa."

Yalwa ta ce, "Riƙe abinka, Yaya. Ni na gaji da ɗauka."

Ya rungume su a ƙirji, suka kama hanyar gida, yana tafe ba takalmi.