Rahamatu Abarta da Dokar Suna Ɗaya

A zamanin da, tun ana auna nisan gari da kwanakin jaki, an yi wani sarki ana ce da shi Sarki Zubairu. Mutum ne mai son a ce ƙasarsa ta fi ta kowa tsari, ga shi kuma da saurin karɓar shawara in dai an yi mata ado. Wazirinsa, Mu'allayidi, ya san wannan hali sarai.

Wata rana fada ta cika, Waziri ya faɗi ya yi gaisuwa, ya ce, "Allah ya ba ka nasara, akwai abin da ke zubar mana da girma a idon baƙi. Fatake su zo daga nesa, su ji ana kiran ɗan Musulmi Ajuji, ko Mantau, ko Ayashe. Masu hikima sun ce suna linzami ne. Ya za a yi mutum ya ci gaba da linzami biyu, ɗaya na malamai, ɗaya na tsofaffin ƙauye? Kowa ya tsaya ga sunan da aka raɗa masa ranar da aka yanka rago."

Maganar ta yi wa Sarki daɗi. Kafin azahar Sankira ya zaga gari yana shela: daga yau mutum ɗaya, suna ɗaya. Wanda ya kira wani da sunan kakanni, da wanda ya amsa, duk a fitar da su daga gari, ba dawowa.

To, a unguwar masaƙa akwai wata ungozoma, ana ce da ita Rahamatu Abarta. Ta haura sittin, gajeriya ce, ba ta da yawan magana, amma rabin samarin garin nan ita ta yanke musu cibiya. Tana tsugune tana jiƙa sassaƙe ta ji shelar. Sai ta juya ta dubi baƙuwar da ke zaune a bakin ɗakinta.

Wannan baƙuwa, Iya Dudu, kwana goma ke nan da ta sauka gidan. Daga wani ƙauye ta tako, tafiyar kwana tara, don ta ga ɗanta da ta yi shekara goma sha biyu ba ta sa a ido ba. Ta tarar da shi a ƙofar gidansa, ya hau doki, barori sun kewaye shi. Murna ta kwashe ta, ta ɗaga murya ta ce, "Ajefas!" Barori suka rufe baki da hannun riga. Mai doki ya ce bai san ta ba, a ba ta dawa ta wuce. Mai dokin nan kuwa Waziri ne. Rahamatu Abarta ce ta tsince ta a gindin durumi tana kuka, ta kawo ta gida.

Ungozoma ta ce, "Iya, kin ji abin da kiranki ya haifa."

Iya Dudu ta ce, "Da me zan kira shi, 'yar nan? Sunan da aka raɗa masa sunan uban mijina ne. Bakina bai taɓa furta shi ba, ba kuwa zai furta ba. Uku na binne kafinsa, shi ya sa na ce Ajefas, ko ya tsaya. Ya kuwa tsaya." Ta kama hannun ungozomar ta ce, "Na roƙe ki, kada ki tona masa asiri."

"Ba zan ambace shi ba. Amma nawa sunan, ba mai raba ni da shi."

Washegari da hantsi Rahamatu Abarta ta yafa mayafi, ta bi ta ƙofar fada da gangan. Wani dogari da ta karɓi haihuwarsa ya durƙusa ya ce, "Ina kwana, Iya Rahamatu?"

Ta tsaya ta ce, "Ƙarasa."

Ya rage murya ya ce, "Iya, ki rufa mana asiri, doka ce."

Ta ɗaga murya yadda masu jiran fada za su ji, ta ce, "Sunana Rahamatu Abarta. Haka nake jiya, haka na kwana."

Ba yadda dogari zai yi. Ya sa ta gaba, kansa a sunkuye, har gaban Sarki.

Ta durƙusa ta yi gaisuwa kamar yadda ya kamata. Sarki ya ce, "Ba ki ji shela ba ne, Iya?"

"Na ji, ranka ya daɗe. Kunnena lafiya lau."

"To, me ya sa?"

Ta ce, "Allah ya ja zamaninka, in an ba ni dama in faɗi inda sunan ya samo asali, sa'an nan a yi mini hukunci." Sarki ya gyaɗa kai. Ta ce, "Uwata ta haifi biyar kafin ni, ba wanda ya kai yaye. Da aka haife ni, ubana, Malam Jibo, ya duba ya ce a sa mini Rahamatu, wato rahamar Ubangiji. Kakata kuwa, wadda ta wanke gawar biyar ɗin nan da hannunta, ta ɗauke ni ta fita tsakar gida ta ce, 'Wannan dai a bar ta.' Ubana ya ce ba za a kira 'yarsa da sunan jahilci ba. Kakata ta ce ita ba ta iya Larabci ba, da abin da ta iya za ta kira. Wata bakwai ba sa cin tuwo inuwa ɗaya. Ranar da na yi haƙorin fari, uwata ta zaunar da su ta ce, 'Ku saurari sunayen nan a jere.' Rahama, a bar ta. Sai ubana ya ce ashe addu'a ɗaya ce suka raba biyu. Tun daga ranar ba a sake raba su ba. Su ukun duk suna ƙasa yanzu. Wanne zan yar, ranka ya daɗe? Na ubana, ko na kakata?"

Waziri ya yi murmushi ya ce, "Zance ne na tsofaffi, Zaki. Ba mai amsa kira biyu. A gwada ta a gani." Ya sa dogari ɗaya ya tsaya ƙofar gabas, ɗaya ƙofar yamma. Ya ce su yi kira lokaci guda, duk inda ta fara waiwaya, wannan ne sunanta, ɗayan kuwa ya faɗi.

Na gabas ya ce, "Rahamatu!" Na yamma ya ce, "Abarta!" Suka yi har sau uku. Tana zaune tana kallon tabarma, ko gira ba ta ɗaga ba.

Waziri ya ce, "Ke, ba kiranki ake ba?"

Ta ce, "Ban ji an kira ni ba. Na ji ana neman wata Rahamatu, na ji ana neman wata Abarta. In suna nan su amsa."

Fadawa suka yi ta gyaran murya don kada dariya ta fito. Sarki ya dubi Alƙali ya ce, "Malam, me littafi ya ce?"

Alƙali ya gyara zama ya ce, "Suna mai mummunar ma'ana shi ake canzawa. Don haka tambaya ɗaya ce. Iya, da kakarki ta ce a bar ta, wa take roƙo? Ana cewa irin waɗannan sunaye don a yaudari iskoki ake sa su."

Rahamatu Abarta ta san in ta ce Allah kai tsaye, magana ta ƙare. Amma ta ce, "Allah gafarta Malam, kwanana ɗaya a duniya lokacin, ba zan yi shaidar zur ba. Abin da uwata ta gaya mini shi ne gabas ta fuskanta. Abin da ke cikin zuciyarta, ita da Mahaliccinta. Ni dai shekara arba'in ina shiga ɗakin masu naƙuda. Ban taɓa ganin macen da jariri ke hannunta yana shure-shuren rai ta tsaya neman Larabci ba. Da harshen da ta sha a nono take roƙo, kuma ana amsa mata."

Alƙali ya ce, "Ban ga laifin ma'anar ba, ranka ya daɗe."

Waziri ya yi sauri ya ce, "Ma'ana daban, doka daban. Sarki ya yi magana, ta taka. In aka bar ta, gobe kowa ya taka. Maganar sarki ba ta komawa baya."

Nan ya taɓo Sarki inda yake masa ƙaiƙayi. Fuskarsa ta canza, ya ce, "Iya, na ba ki zaɓi na ƙarshe. Ki yar da rabin, ki koma gidanki."

Ta tuna ɗakinta, da kabarin uwarta a bayan ganuwa, da matan unguwa uku da watansu ya kama. A shekarunta, fita daga gari fita ce daga duniya. Duk da haka ta ɗaga kai ta ce, "Garin naka ne, ranka ya daɗe, kana iya karɓe abinka. Sunan kuwa ba kai ka ba ni ba."

Dogarai suka ce, "Hattara!" Sarki ya ce, "Sankira, fita ka yi shela an kore ta."

Sankira ya miƙe, ya kai bakin ƙofa, sai ya tsaya yana sosa ƙeya. Ya dawo ya faɗi ya ce, "Allah ya ba ka nasara, wa zan ce an kora? In na ce Rahamatu, a unguwarmu kaɗai akwai tara, har da matata. In na faɗi yadda gari ya san ta, na taka doka, sai mu fita tare."

Sarki ya dubi Sankira, ya dubi Waziri, Waziri ya dubi rufin soro.

Sai tsohuwar ta ce, "Tun da ba a san wadda za a kora ba tukuna, a bar ni in ƙara ɗaya. Ni ina da baki, na zo na faɗi nawa. Akwai waɗanda dokar nan ta ɗinke wa baki. Wace uwa ce ke kiran ɗan fari da sunansa? Wace mace ce ke furta sunan surukinta? Yanzu haka a gidana akwai wadda ta yi tafiyar kwana tara don ɗanta. Suna ɗaya take da shi na kiransa, an hana ta. Ɗan nata kuma ya ce bai san ta ba."

Maganar ta taɓa Sarki, don shi ma ɗan fari ne, bai kuwa taɓa jin sunansa a bakin mahaifiyarsa ba. Ya ce, "Wane ne ɗan?"

"Na yi alkawari ba zan faɗa ba. Ko da an haɗa kora da bulala."

Sarki ya aika aka zo da Iya Dudu, tana tafe tana dogara sanda, ƙafafunta duk faso. Ya ce, "Iya, na ɗauke miki doka. In ɗanki yana cikin fadar nan, kira shi yadda kika saba."

Iya Dudu ta bi fuskoki ɗaya bayan ɗaya. Idonta ya sauka kan Waziri, da rawaninsa, da alkyabbarsa, da gumin da ke tsattsafo masa a goshi. Ta daɗe tana kallonsa. Sa'an nan ta sunkuyar da kai ta ce, "Ba ya nan, ranka ya daɗe. Na yi ɓatan kai ne. A bar ni in koma ƙauyenmu."

Ta juya, ta yi taku biyu, uku. Sai aka ji murya daga gefen karagar Sarki.

"Ga ni, Inna."

Waziri ne. Ya taso ya zube a gabanta, rawaninsa ya warware, ya ce, "Ni ne Ajefas."

Ba wanda ya yi dariya. Iya Dudu ta ɗora hannu a kansa ta ce, "Tashi, mutane na kallonka."

Da fada ta natsu, Sarki ya ce, "Mu'allayidi, kunyarka ce ka ɗora wa ƙasa, ka sa bakina ya ɗauka. Wanda ya ƙi sanin uwarsa, ba zan ba shi amanar uwayen wasu ba. Ajiye alkyabba. Ka raka ta gida da ƙafa, kamar yadda ta zo. Ka yi mata noman damina, ka gyara mata ɗaki. In kaka ta yi, ita za ta aiko mini ko ka cancanci ka dawo." Ya juya ga Sankira ya ce, "Je ka ka warware shelar jiya. Ka ce Sarki ya yi kuskure, ya gyara. Kowa ya amsa abin da iyayensa suka kira shi."

Sa'an nan ya dubi ungozoma ya ce, "Ke kuma, kin tsaya a fadata kin ce mini a'a, ba kowa ke yin haka ya kwana gida ba."

Ta ce, "Na sani, ranka ya daɗe. Shi ya sa tun da asuba na raba wa maƙwabta kajina."

Sarki ya yi dariya har ya riƙe ciki. Ya ce, "To, je ki ki karɓo abinki, Rahamatu Abarta."

Ta ce, "Na'am, ranka ya daɗe." Ta yi godiya, ta tashi.

An ce kajin nan ba duka suka dawo ba, don wata maƙwabciya ta riga ta yanka ɗaya. An kuma ce a daminar shekarar, duk 'ya mace da aka haifa a unguwar masaƙa, sai ka ji an sa mata sunayen nan biyu a haɗe. Haka na ji shi, haka na ba ku.