Ranar da Inuwa Ta Yi Baƙi

Dalilin da ya sa inuwar kowa baƙa ce, ko mutum fari ne sol, ko jar riga ya saka, shi za ku ji yau. Ke Hansai, sauko daga kan turmin nan ki zauna, ba na son ina magana ana yi mini rawar kai.

A can da, inuwa launi gare ta. A wata ƙasa bayan inda rana take fitowa, akwai makarantar haske a kan wani faffaɗan dutse. Ɗalibai sukan tari hasken safiya a ƙwarya, su tace shi da rariya, ja ya fita daban, kore daban, shuɗi daban, a zuba kowanne a raminsa kamar a marina. Wanda ya gama karatu sai ya tsaya a bakin ramin da ya zaɓa da hantsi, ya ba rana baya, inuwarsa ta faɗa ciki ta rinu. Da ita zai ci abinci har ya mutu. Mai koriyar inuwa in ya ratsa gona sai shuka ta miƙe, mai shuɗiya in ya tsaya kan mai zazzaɓi sai jiki ya yi sanyi.

Shugabar makarantar wata tsohuwa ce, Inna Tambai, mai inuwa ruwan zinariya, babu irinta a duniya. Kullum faɗanta ɗaya ne: rami ɗaya tak ake tsomawa, kuma kada inuwa biyu su haɗu a cikin rami, launinsu zai gauraye.

To, akwai wata ɗaliba, Gwamma, da ƙanwarta Lantana. Gwamma ta sha wuya shekara da shekaru kafin ta sami koriyar inuwarta, mutanen ƙauyensu har sun yi sharar gona suna jiranta. Lantana kuwa kai gare ta kamar me, amma ruwan ido, wayyo!

Ranar tsomawarta ta zo. Ta tsoma a ja, ta ga ya yi kyau. Da ta ɗaga ido ta hango rawaya, sai ranta ya biya. Inna Tambai tana can tana duba wasu, yarinyar nan ta bi ramukan ɗaya bayan ɗaya, har ta kai ga na shuɗi, wanda ya fi duka zurfi. Inuwa ta sha rini ta ƙoshi, ta yi nauyi kamar jiƙaƙƙen bargo, ta nutse can ƙasa. Lantana ta ce bari ta ɗaga ƙafa, ƙafa ta ƙi.

Kun dai san in rana tana hawa, inuwa gajarta take yi, tana komawa wurin mai ita. To wannan ta maƙale a ƙasan rami, sai ta shiga jawo Lantana wurinta.

"Yaya! Yaya Gwamma, tana ja na!"

Ɗalibai suka sheƙo a guje. Aka kama ta ta ƙugu, aka ɗaura igiya aka ja, ina! Dukansu suka riƙa zamewa a kan dutsen. Wani ya ce a kawo tabarma a tare mata rana.

Inna Tambai ta daka tsawa. "Kul! In kun tare rana inuwar za ta tsinke, wanda inuwarsa ta tsinke kuwa ba ya kai la'asar."

Gwamma ta durƙusa gabanta. "To Inna, yaya za a yi?"

Tsohuwa ta dubi rana. Yatsun ƙafar Lantana sun kusa bakin rami, ramin nan kuwa ko dutse aka jefa ba a jin saukarsa.

"Sai dai wata inuwar ta shiga ta tsotse rinin, ta rage mata nauyi. Amma ki sani, 'yar nan, korenki ya tafi ke nan, ba a rini sau biyu. Mutanenku fa?"

Ni dai tausayin Gwamma nake ji duk sanda na zo nan. Ta dubi inuwarta a ƙasa, shar da ita kamar ganyen zogale. Ta dubi ƙanwarta.

Lantana tana kuka ta ce, "Kada ki yi, Yaya, ni na jawo wa kaina."

"Rufe mini baki," in ji Gwamma. Ta je ta tsaya kafaɗa da kafaɗa da ita, koriyar inuwa ta faɗa ramin. Nan take ta dushe, ta koma kamar ruwan wanki. Jan da ake yi wa Lantana ya ragu, amma bai tsaya ba. Yanzu su biyu ake ja.

Sauran ɗaliban suka yi cirko-cirko, kowa yana kallon tasa. Can sai wani mai jar inuwa ya yi tsaki ya matso. Wata mai rawaya ta bi shi. Haka suka jeru a bakin rami, launi yana bin launi yana dushewa. Rana ta kusa tsaka, Lantana rabin tafin ƙafarta yana kan iska, nauyi bai ƙare ba. Saura mutum ɗaya.

Inna Tambai ta jefar da sandarta, ta tako, ta ba rana baya. Zinariyar nan ta shiga ramin, aka ji wani ƙara, fat! Duka suka zube ta baya, Lantana a jikin yayarta.

Da suka miƙe suka duba ƙasa, inuwar kowa ta yi baƙi ƙirin, ba a gane ta malama da ta ɗaliba. Baƙin nan kuma yaɗo gare shi, duk inuwar da ya taɓa sai ta kama, ta bishiya, ta akuya, ta katanga, har ya game duniya. Makaranta ta watse.

Gwamma ta koma gida, aka tarye ta ana leƙen ƙasa. Tsohuwarsu ta ce, "Ina koren da muke jira?" Gwamma ta turo Lantana gaba, ta ce, "Ga abin da na kawo." Washegari ta ɗauki fartanya ta bi sahun manoma, Lantana na biye da ita, ba ta ƙara ɗaga wa yayarta murya ba har tsufansu.

Shi ya sa har yau ba za ku ga inuwa mai launi ba. Kuma ku duba da tsakar rana, za ku ga ta ƙanƙame ƙafar mai ita, tsoron ramin nan bai sake ta ba. Ke kuma Hansai, da kike dukan ƙanenki ɗazu a kan mangwaro, na gan ki.