Wa Zai Fara Tarewa a Dajin Iyaka?

Wai wani hakimi ne ya kira Jatau mai shela, ya ce, "Je kasuwa ka yabi dajin iyaka, manoma da attajirai su cika shi. In ka yi ƙarya, bulala. In ka ambaci rashin ruwa, bulala."

Jatau ya dawo da mutum ɗari a bayansa.

"Me ka ce musu?"

"Cewa na yi, saboda kyan wurin, kai za ka fara tarewa gobe."

"Ƙarya kake!"

"Ranka ya daɗe, ai goben ba ta yi ba. In ka tare, na yi gaskiya. In ka ƙi, ga su nan a ƙofa, sai ka gaya musu dalili."

Hakimi ya shafa gemu, ya ce, "Maza a nemo mini masu haƙar rijiya."