Kurege Ya Je Neman Yafiyar Bashi

Ku matso kusa, ga wata nan tafe gare ku.

A shekarar da ruwa ya ɗauke tun gero bai fid da kai ba, Zaki ya sa aka yi shela: duk wanda ya karɓi rancen iri daga rumbun sarki, ya shuka, fari ya ƙone masa gona, an yafe masa. Kura kuma za ta zaga ta gani da idonta.

Kurege dai ya karɓi rance, wannan babu gardama. Buhu uku na irin gyaɗa ya kwasa, ya shuka su kakaf a cikinsa.

Ya shafa tumbi ya ce, "Ni za a tambaya gona? Ni Kurege, ƙaramin jiki, babban kai! Duk ƙasar da na taka gonata ce."

Da gari ya waye, ya bari Jaki ya tafi kasuwa, sai ya ja Kura zuwa busasshiyar gonar Jakin, ya faɗi yana birgima yana kuka.

Kura ta ce, "Malam Kurege, ba kashin jaki nake gani ko'ina ba?"

Ya ce, "Taki ne, ranki ya daɗe, da kuɗina na saya." Ya miƙa mata ƙunshin kilishi. Kura ta binciki kilishin sosai, ta tabbatar gonar tasa ce, ta ce an yafe. Da Jaki ya zo da yamma neman tasa yafiyar, aka ce ba a yafe wa gona ɗaya sau biyu, ya je ya biya.

Da gari ya waye, Kurege ya ji ana raba wa tsofaffin manoma tiya guda ta gero. Ya shiga ƙarangiya ya yi birgima har ta rufe shi ruf, ya dogara sanda, ya je wurin Ɓauna mai tsaron rumbu.

Ya ce da rawar murya, "Ɗan nan, ni ce Bushiya, ni na yi goyon uwarka."

Ɓauna ya durƙusa ya ce, "Sannu, Iya!" Ya auna masa tiya biyu.

Kurege ya fito yana tsalle. "Wuyan ƙato, ƙwaƙwalwar sauro! Gobe sai mai gaba ɗaya."

Da gari ya waye, ya ji an ce mai babbar gona buhu goma zai samu na tallafi. Akwai wata makekiyar fadama a bakin kogi da ciyawa ta cinye. Ya ari babbar riga, ya naɗa rawanin da ya fi shi nauyi, ya gayyato Giwa da kanta, shugabar masu tantancewa.

Giwa ta ce, "Alhaji, duk wannan taka ce?"

"Tawa ce, Hajiya, daga nan har inda ido ya gaji."

"Ka rantse?"

Ya rantse sau uku, ya ƙara na huɗu kyauta.

Sai ruwa ya motsa, Kada ya fito yana murmushi da haƙoransa duka. Ya ce, "Alhamdu lillahi! Shekara biyu ina cigiyar mai gonar nan. Buhu arba'in na irin shinkafa aka karɓa wurina da sunanta."

Kurege ya gyara rawani ya ce, "Ai an yafe, Malam Kada. Ba ka ji shela ba?"

Giwa ta ce, "Alhaji, sarki ya yafe abin da ya fito daga rumbunsa. Na Kada bashin kasuwa ne, ba ya ciki."

Kurege ya ce, "To, da na sake dubawa, kamar ba ita ba ce. Tawa tana can gaba."

Ya juya zai sulale, rawani ya warware ya harɗe masa ƙafa. Giwa ta ɗaga rigar da hancinta, sai ga Kurege tsirara. Kada ya kai cafka ya gutsure rabin wutsiya, Giwa ta wurga sauran jikinsa cikin ƙaya.

Kurege ya miƙe yana ɗingishi, ya zura a guje. Sai da ya kai bakin raminsa ya waiwayo ya ɗaga murya: "Wutsiyar ma nauyi take mini! Ku gaya wa mai rumbu ya ajiye mini buhu biyar, baɗi noman rani zan yi!"

Ƙurunƙus, a kan guntun wutsiyar Kurege.