Uwar Kumbasha

Tun a zamanin da mutane da aljanu ke cin kasuwa guda, an yi wani sarki a Birnin Kairazu mai suna Marwanu. Al'adar gidansu ita ce ba a naɗa sabon sarki sai tsohon ya sa masa lomar kumbasha a baki da hannunsa, in kuwa ya rasu bai yi ba, sarauta ta bar gidan har abada. Kumbasha abinci ne na garin dawar dutse da zumar kogo, wanda ba ya tashi sai an gutsuro masa wani tsohon ƙullu mai tsami da aka gada tun kakanni. Matar sarki kaɗai ke kula da wannan ƙullu, kuma sunansa Uwa.

Sarkin aljanu Darmakushu ya sace Uwar a shekarar da matar Marwanu ta rasu ta bar ɗan yaye, Sahalu. Don baƙin ciki sarki ya hana a ƙara tayar da zancen, saboda haka Sahalu ya girma gwani a takobi da mashi, amma a sha'anin ƙullu bai san komai ba. Ko fuskar mahaifiyarsa ba ya tunawa, sai wani ƙamshi da ya rasa na mene ne.

Da ciwo ya kwantar da sarki, ya kira Sahalu ya ce da murya ƙasa-ƙasa, "Ɗana, Uwa tana raye a fadar Darmakushu. Ka dawo da ita kafin in cika." Sahalu ya ce a ransa, ashe mahaifiyarsa ba ta mutu ba? Da ya tsaya ya yi tambaya guda da labarin ya gajarta, amma jarumai ba su cika tambaya ba. Ya ɗaura sirdi ya fita.

Ya keta hamadar da rairayinta ke kiran sunan matafiyi, ya wuce koguna masu gudu zuwa sama, har ya isa birnin matsafa, inda ganuwa ta tagulla ce, tsuntsaye na magana, inuwa kuma na rabuwa da mai ita ta tafi harkarta. Babban bokansu Gardumu ya tare shi da macizan wuta, Sahalu ya sassare su, ya ɗora masa takobi a wuya ya ce, "Ya kai makiri, ba ni labarin Uwa."

Gardumu ya ce, "Ranka ya daɗe, tana nan lafiya, sai dai an ce ta ƙara tsami. Kullum sai an ba ta gari da ruwa, in an manta ta kwanta. In ta ji daɗi kuwa, ta kumbura har ta ture murfi."

"Murfin me?"

"Na tukunya mana. Ai a ciki take zaune."

Sahalu ya sake shi ya hau doki, kansa a ɗaure. Wace irin azaba ce za ta shigar da mace tukunya, kuma a ce tana jin daɗi? Tausayi da fushi suka haɗu suka hana shi cin abinci har ya isa ƙasar aljanu.

Darmakushu ya fito ƙofar fadarsa ta yaƙutu, kansa na gogar gajimare, ya ce, "Ya kai ɗan Adamu mai gajeren kwana, wace ƙaddara ta kawo ka?"

Sahalu ya ce, "Ni ne Sahalu ɗan Marwanu, na zo karɓar Uwa, ko da lalama ko da kaifin ƙarfe."

Aljanin ya yi dariya ya ce, "Rowa ce kawai irin taku. Kakanninka sun ci ta, ubanka ya ci ta, ni ma kowace safiya sai na gutsira, kuma ba ta ragu ba."

Sahalu bai fahimci ko kalma guda ba, amma ya ji zafin kowacce. Suka gwabza har duwatsu suka tsage, daga ƙarshe ya sare ƙahon da ƙarfin aljanin yake ciki, Darmakushu ya zama hayaƙi ya watse.

A ɗakin ƙarshe na fadar ya tarar da wata budurwa zaune gaban tukunyar ƙasa. Ita ce Gimbiya Nuwaira, 'yar sarkin Tsibirin Marjan, wadda aljanin ya sato don ta riƙa ciyar da ƙullun, domin hannun aljani kashe shi yake yi. Sahalu ya durƙusa gaban tukunyar ya ce, "Inna, fito, ni ne Sahalu."

Nuwaira ta dube shi, ta dubi tukunyar, ta ce a hankali, "Yarima, ƙullu ne fa."

Da ta gama yi masa bayani, jarumin da ya karya sarkin aljanu ya zauna a ƙasa ya yi kuka, domin a ranar ce mahaifiyarsa ta mutu masa da gaske. Nuwaira ta bar shi ya yi mai isarsa, sannan ta ɗaga murfin. Ƙamshin ya bugi hancinsa. Shi ne wanda ya rasa na mene ne tun yana yaro, ƙamshin hannun mahaifiyarsa da ke ɗaukarsa bayan ta gama ciyar da Uwa.

Suka ɗauko tukunyar suka juyo, Nuwaira na ba ta gari a kowane zango. Suka tarar da Marwanu da sauran numfashi. Aka dama kumbasha ta tashi, tsohon ya miƙa hannu ya sa wa ɗansa loma a baki. Aka ɗaura wa Sahalu aure da Nuwaira, aka naɗa shi sarkin Kairazu.

Masu ba da labari sun ce abu guda ya sauya a al'adar gidan. Kowace safiya, kafin ya fita fada, shi da kansa yake ɗaga murfin ya zuba garin, ya sunkuya ya ce, "Inna, ina kwana."